Wasiƙa Zuwa Ga Ɗana Kan Ranar Ajiye Aiki

Zauro,
Jihar Kebbi.



Ɗana,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya kai da iyali. Mu ma nan lafiya lau. Ruwan Rima ya ja baya, mutane sun duƙufa shirin noman rani a fadama. Labarin aikin da ka samu a gwamnatin tarayya ya faranta mana rai ƙwarai, Allah ya sa albarka.

Mahaifiyarka ta ce kana ƙorafi kan kuɗin da ake yanka a albashinka da sunan fansho, wai ina ruwan yaro da zancen tsufa. Wannan ne ya sa na ɗauki alƙalami.

Mu da muka yi koyarwa a tsohon tsari, ba a ajiye mana ko kwabo a gefe ba. Alkawari kawai aka yi mana: idan ka cika shekara 35 kana aiki, ko ka kai shekara 60, za a ba ka giratuti, sannan fansho duk wata daga baitulmali. To, duk ranar da baitulmali ya yi ƙasa, ɗan fansho ake fara mantawa, domin ba shi da yajin aikin da zai tafi. Da idona na ga dattijon da ya koyar da manyan garin nan yana zaune a ƙasa a layin tantancewa, rungume da takardunsa cikin leda, tun hantsi har la'asar. Da layi ya zo kansa sai aka ce ranar haihuwarsa ta cikin fayil ta saɓa da ta katin ɗan ƙasa, ya je ya gyaro. Ko kuɗin motar komawa sai da muka haɗa masa. Ga kuma masu wawure haƙƙin tsofaffi: a Nuwamban 2021 kotu a Abuja ta ɗaure Abdulrasheed Maina shekara takwas kan kuɗin fansho, alhali shi aka ɗora ya gyara harkar.

Irin wannan wahala ce ta haifar da dokar gyaran fansho ta 2004, zamanin Obasanjo, wadda ta kafa hukumar PenCom da tsarin adashin gata. A 2014 aka sake dokar: kai ka ba da kashi 8 cikin 100, wanda ya ɗauke ka aiki ya ƙara kashi 10, su shiga asusu mai sunanka, kamfanin da ka zaɓa ya riƙa juya su. Wannan asusu rumbunka ne, abin da aka zuba a ciki shi za ka ɗebo ranar da ƙarfi ya ƙare.

Kada ka ɗauka matsala ta ƙare ke nan. Tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023 tsadar kaya ta cinye darajar abin da ake biyan tsofaffi, har hauhawar farashi ta haura kashi 34 cikin 100 a 2024. Sashe na 173 da na 210 na tsarin mulkin 1999 sun ce a duba fansho duk shekara biyar, ko duk lokacin da aka ƙara albashi, amma sau nawa aka cika wannan a kan kari? Sojoji sun fice daga sabon tsarin tun 2011, 'yan sanda kuma sun daɗe suna neman fita. Gyaran da ake bukata a fili yake: gwamnati ta zuba nata kason a kan lokaci, fansho ya riƙa tafiya tare da farashin kasuwa, wanda ya taɓa kuɗin kuma a hukunta shi. Jigawa ta daɗe da nata tsarin na haɗin gwiwar ma'aikaci da gwamnati, kuma jihohi da dama sun je koyo wurinta. Ashe abin mai yiwuwa ne idan akwai amana.

Za ka ce yawan tsofaffi damuwar wasu ƙasashe ce. Gaskiya ne a Japan kusan kashi 29 cikin 100 na jama'a sun kai shekara 65, mu kuwa kimanin kashi 3. A 2023 Faransa ta yi dokar ɗaga shekarun ritaya daga 62 zuwa 64, ƙasar ta rikice da zanga-zanga. Sin ma ta fara ɗaga nata daga 2025. Masu aiki ne suka ragu, masu karɓa suka ƙaru. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Dubban matasan da suka cika Birnin Kebbi yau, ku ne tsofaffin shekara 40 masu zuwa.

Abin da ya fi damuna ma ba mu ma'aikata ba ne. Ka dubi manomin shinkafa a fadamar Zauro, da Basarken da ke su a Argungu, da tsohuwar da ke surfe da turara shinkafa a cikin gida. Babu mai fansho a cikinsu. A da gandu ne gatansu, 'ya'ya na noma, tsoho na hutawa. Yanzu gona ta rabu a gado, samari sun tafi birni, sai ka ga mai furfura a sunkuye cikin laka yana dashe, yana lissafin kuɗin man injin ban ruwa. Ambaliyar 2020 ta nuna mana yadda wahalar shekara guda ke tafiya a dare ɗaya. Saboda irinsu aka ƙaddamar da ƙaramin tsarin fansho a Maris 2019, inda mai sana'a zai riƙa zuba abin da ya sawwaƙa, kullum ko mako-mako ko wata-wata, kuma zai iya cirar wani kaso idan larura ta taso. Mai gudun riba kuma, tun 2021 akwai asusun da babu kuɗin ruwa a cikinsa. Amma wa ya zo ya yi wa mutanenmu bayani da Hausa, a kasuwa ko bayan sallar Juma'a? Kuma manomi yana karɓar kuɗi ne da kaka, don haka ya kamata a je masa a lokacin da ya sayar da shanshera.

Don haka ɗana, ka riƙa duba asusunka duk wata. Doka ta ba wanda ya ɗauke ka aiki kwanakin aiki bakwai bayan biyan albashi ya zuba kuɗin. Idan ba ka gani ba, ka yi magana. Ka daidaita sunanka da ranar haihuwarka a duk takardunka tun yanzu, ka adana takardar ɗaukar aiki da ta kowane ƙarin girma. Kada ka dogara da fansho kaɗai, ka riƙe gonar gado. Idan ka zo hutun salla, ka zauna da yayyenka manoma ka yi musu bayanin nan, ka taimaka musu su buɗe nasu. Kuma duk ranar da Allah ya kai ka kujerar da fayil ɗin tsoho zai biyo ta hannunka, kada ka bari ya kwana. Fansho haƙƙi ne na gumin da aka riga aka zubar.

Ka gaishe da maiɗakinka da yara. Allah ya yi maka albarka, ya sa mu gama lafiya.

Wassalam.

Naka,
Kawunka.