Misuri, jahar da ta yi yaƙi da kanta

A garin Lexington, cikin jahar Misuri ta ƙasar Amurka, akwai wani tsohon gidan shari'a mai fararen ginshiƙai. Baƙon da ya tsaya gabansa ya ɗaga kai zai hangi dunƙulen ƙarfe baƙi maƙale a saman ginshiƙi guda. Harsashin igwa ne na yaƙin watan Satumba na shekara ta 1861, kuma har yau ana shari'a a gidan, harsashin na bisa kan masu shiga da fita.

Lexington ƙaramin gari ne bisa tudu, yana kallon kogin Misuri, kimanin kilomita 65 gabas da birnin Kansas City. Kafin yaƙin basasar Amurka na 1861 zuwa 1865, garin kasuwa ne sosai. Jiragen ruwa suna tsayawa a tasharsa su ɗauki taba da wata irin rama wadda ake tufka igiyar ɗaure dilolin auduga da ita. Bayi ne ke noman ramar. A ƙidayar 1860, jahar tana da mutum wajen miliyan ɗaya da dubu 180, daga cikinsu kusan dubu 115 bayi ne.

Da jahohin Kudu suka ɓalle saboda maganar bauta, Misuri ta tsaya a tsakiya. Babban taron wakilan jahar ya ƙi ɓallewa a watan Maris na 1861, amma gwamna Claiborne Jackson zuciyarsa tana Kudu. Ran 10 ga Mayu, wani hafsan gwamnatin tarayya, Nathaniel Lyon, ya kewaye sansanin dakarun gwamna a birnin Sen Luwi ya kama su. Yawancin mutanensa baƙi ne ƴan asalin Jamus. Da ana wucewa da kamammun cikin gari sai tarzoma ta tashi, aka buɗe wuta, mutum wajen 28 suka mutu. Cikin kwanaki kaɗan majalisar jaha ta kafa rundunar tsaron jaha, ta ba tsohon gwamna Sterling Price jagorancinta. Daga ranar nan Misuri ta zama gida mai runduna biyu.

Matafiyin da ke son ganin inda suka yi babban karonsu na farko sai ya yi kudu maso yamma, ya wuce Springfield da kimanin kilomita 16, ya isa ƙoramar Wilson. Wuri ne shiru, ciyawa da itatuwa, da hanyar mota mai kewaya fagen. A nan ne ran 10 ga Agusta 1861 Lyon, da sojoji wajen 5.400, ya auka wa mutanen Price da mataimakansu na Kudu, su kusan dubu 12. Kafin rana ta yi tsaka, fiye da mutum 2.500 sun mutu ko sun ji rauni ko sun ɓace. Lyon kansa ya faɗi bisa tudun da ake kira Tudun Jini, shi ne janar na farko da Arewa ta rasa a fagen fama. Gidan wani manomi mai suna Ray, wanda aka mayar asibiti a ranar, yana nan tsaye.

Bayan wata guda Price ya iso Lexington ya yi wa sojojin tarayya ƙawanya. Da ya ga harsashi ya hana mutanensa hawa tudu, sai suka ɗebo manyan dammunan rama daga ma'ajiyar ƴan kasuwa, suka jiƙa su da ruwa don kada su kama wuta, suka riƙa mirgina su suna fakewa a baya. Ran 20 ga Satumba kanar Mulligan ya miƙa wuya da mutum fiye da dubu uku. Gidan Anderson, wanda ya sake hannu sau uku a yini guda, har yanzu bangonsa da tabon harsashi.

Nasarar ba ta daɗe ba. A watan Maris na 1862 Arewa ta ci yaƙin Pea Ridge, jahar ta zauna hannun tarayya. Amma wahalar talaka a lokacin ta fara, domin yaƙi ya bar fage ya shiga ƙauyuka. Ƴan sari-ka-noƙe masu goyon bayan Kudu suka cika daji. Don maganinsu aka kafa mayaƙan jaha waɗanda tarayya ke biya, aka ƙayyade yawansu dubu goma, aikinsu cikin Misuri kawai. Da ba su isa ba, a watan Yuli na 1862 janar Schofield ya ba da umurni duk namiji mai lafiya ya je ya rubuta sunansa cikin mayaƙan sa-kai. Wanda ya ƙi sai a sa shi cikin jerin maƙiyan gwamnati. Manomi da mai kanti da ma'aikaci waɗanda suka so zama ƴan ba-ruwanmu, dole kowa ya zaɓi gefe, kuma da yawa suka gwammace shiga daji. Waɗanda suka shiga sa-kai, da farko ba su da kaki, albashi ba ya zuwa kan lokaci, sai suka riƙa ci daga dukiyar maƙwabtan da ake zargi. Tsohuwar gaba ta gona ko ta bashi ta samu bindiga.

Daga Lexington in aka yi yamma da kudu, ana shiga gundumomin bakin iyakar Kansas, ƙasar masara da shanu. Ran 21 ga Agusta 1863 William Quantrill ya fito daga wannan yanki da mahaya ɗaruruwa, ya ƙone garin Lawrence na Kansas, ya kashe maza da samari kimanin 150. Bayan kwana huɗu janar Thomas Ewing ya fitar da umurni mai lamba 11: mutanen karkara na gundumomin Jackson, Cass, Bates da arewacin Vernon su tashi cikin kwana 15. Wajen mutum dubu 20 suka bar gidajensu, masu laifi da marasa laifi. Aka kwashe dabbobi, aka cinna wa gidaje wuta, ba abin da ya rage sai bututun hayaƙi na dutse tsaye cikin fili. Shi ya sa aka daɗe ana kiran wurin Ƙonannen Yanki.

A tsakiyar jahar kuma akwai Centralia, garin tashar jirgin ƙasa. Ran 27 ga Satumba 1864 mutanen Bill Anderson suka tsayar da jirgi, suka sauko da sojoji fiye da 20 masu tafiya hutu ba makami, suka harbe su. Da yamma suka yi wa rundunar da ta biyo sawunsu kwanton ɓauna, suka kashe fiye da 120. Cikin maharan akwai wani yaro, Jesse James, wanda bayan yaƙi ya zama shahararren ɗan fashin bankuna da jiragen ƙasa. Hannun da ya saba da bindiga bai komawa garma da sauƙi.

A ƙarshen lissafi, Misuri ta ba Arewa soja wajen dubu 110, ta ba Kudu aƙalla dubu 30. An yi arangama fiye da dubu a cikinta, jahohi biyu kawai suka fi ta, Virginia da Tennessee. Ran 11 ga Janairu 1865 ta soke bauta. Sabon tsarin mulkinta na shekarar ya ce ba mai jefa ƙuri'a, ko riƙe muƙami, ko koyarwa a lakwal, ko aikin lauya, ko wa'azi a coci, sai ya rantse bai taɓa taimakon Kudu ba. Kotun ƙolin Amurka ta rushe wani sashe na dokar a 1867, jahar ta janye sauran a 1870.

Tafiyar tana ƙarewa a Jefferson City, babban birnin jahar, inda gidan ajiyar takardun tarihi yake riƙe da katunan sojojin ɓangarorin biyu: suna, runduna, ranar shiga, ranar sallama ko ta mutuwa. Jikoki suna zuwa neman kakanni, wani lokaci su tarar da wa a wannan runduna, ƙane a waccan. Takardun sun nuna wani bambanci kuma: sojan tarayya ya ci fansho, amma yawancin ƴan sa-kai, da yake jaha ce ta ɗauke su, ba su samu ba.

Bisa wani tudu na birnin akwai Jami'ar Lincoln. Tun 1847 dokar Misuri ta hana koya wa baƙar fata karatu. Sojojin runduna ta 62 da ta 65 ta baƙar fata, yawancinsu tsofaffin bayi da suka koyi baƙaƙe a sansani, suka tara fiye da dalar Amurka dubu shida daga ɗan albashinsu. A 1866 aka buɗe makarantar. A tsakiyar harabarta akwai mutum-mutumin waɗannan sojoji, ɗalibai suna ratsawa ta gefensu kowace safiya za su aji.