Rigar da ido ke kamawa

Yaran unguwarmu suna wani wasan harbe-harbe a cikin salula. Sunansa Free Fire, ya fito a 2017. Mutum 50 ake saukewa a kan wani tsibiri, wanda ya rage shi ya ci. Ba mutuwar gaske ba ce fa, hoto ne. Ni ban iya ba, kallo kawai nake yi.

Kowane ɗan wasa yana da mutum-mutuminsa, kuma yana iya sake masa riga. Wasu riguna kyauta ne, wasu sai da kuɗi. Ɗana ya ce mini: "Baba, riga ba ado kaɗai ba ce. Wanda ya fara ganin wani, shi ke fara harbi."

Wannan magana ba ta yi mini wuya ba. Mu malaman yaƙi da jahilci mun san ta. Farin alli a kan baƙin allo, ko wanda ke zaune can baya yana karantawa. In allo ya koɗe, sai ka ga kowa yana matse ido.

To, cikin wasannin nan akwai masu son a ɓoye, akwai masu son a gani. A wasan Call of Duty: Warzone an yi wata riga baƙa ƙirin, ta wata mai suna Roze. Sai wanda ya biya kuɗi ke samun ta. In ya sa ta ya laɓe a lungu mai duhu, ba mai ganin sa. Ƴan wasa suka yi ta kuka, har a 2021 masu wasan suka ƙara mata haske. Ni a ganina sun yi daidai. Wannan ba gwaninta ba ce, sayen duhu ne.

Dabarar da ta fi burge ni ita ce ta wasan Valorant, wanda ya fito a 2020, ana yin sa a kwamfuta. Nan kai ne ke zaɓen launin da zai kewaye abokin karawarka: ja, ko rawaya, ko shunayya. Ba a biyan ko dala. An yi haka ne don mutanen da idonsu ba ya rarrabe launi sosai, kuma akwai su, maza sun fi yawa. Amma har masu lafiyayyen ido da yawa rawaya suke zaɓa, don tana fita fili a jikin bango.