Uwa Ɗaya, 'Ya'ya Huɗu, Kowace da Abin da Ta Tuna

Ni dai ba ma'abociyar kallon fim ba ce, ba na kuma kwaɗaitar da ɗalibaina a kai. Amma akwai wani fim na ƙasar Tunisiya da ya fito a 2023, mai suna Banatu Olfa, wanda ya tsaya mini a rai.

Olfa Hamruni uwa ce mai 'ya'ya mata huɗu. Manyan biyu sun gudu Libiya sun shiga ƙungiyar Da'ish. Wadda ta shirya fim ɗin, Kausar Ben Haniya, ba ta tsaya ga yi wa uwar tambayoyi ba. Sai ta ɗauko 'yan wasa biyu suka tsaya a madadin waɗanda suka tafi, ta haɗa su da ƙannensu na gaske. Ita ma Olfa aka samo mata wadda za ta fito a matsayinta, Hindu Sabri, duk inda abin ya fi ƙarfin zuciyarta. Mazan labarin kuwa, namiji ɗaya ne ya fito a matsayinsu duka. Daga nan aka riƙa maimaita abin da ya faru a gidan, masu gidan na kallo suna gyarawa.

A nan ne hankalina ya tashi. Abin da uwa ta tuna a matsayin tsare mutuncin 'ya'yanta, su a wajensu duka ne da zagi da zargi. Kuma ba ƙarya take yi ba, Allah Ya sani tana son su. Ita ma da irin wannan tsananin ta tashi, ta miƙa musu shi kamar gado. Da masu wa'azin tsattsauran ra'ayi suka bazu bayan juyin juya halin 2011, sai yaran suka samu abin da za su fi uwarsu ƙarfi da shi, har su riƙa yi mata kallon mai saɓo. Kada wata ta ce laifin hijabi ne. Yarinyar da ta san addininta ba ta tafiya ta bar mahaifiyarta cikin kuka.

Ban ce a tara yara a kalle shi ba, akwai maganganun manya a ciki. Sai dai uwargida, ko kin taɓa tambayar 'yarki yadda ta tuna ranar da kika fi yi mata faɗa? A Islamiyya idan uwa ta kawo ƙarar 'yarta, nakan ja yarinyar gefe in ji nata, kuma da wuya labarin biyu ya zo ɗaya. Olfa sai a gaban kyamara ta ji wannan daga bakin ƙananan biyu, a lokacin manyan suna kurkuku a Libiya.