Wanda Ya San Ƙofar Fada

Duk wanda ya tashi a unguwar Shehuri ta birnin Yerwa, inda fadar Mai Martaba Shehun Borno take, ya san cewa mai neman biyan bukata ba ya kutsa kai cikin fada haka kawai. Sai ya nemi wani dattijo wanda ya daɗe yana shiga da fita, ya san wanda ake fara gaisarwa, ya kuma san lokacin da magana take shiga kunne. Wannan shi ne kamun ƙafa. A ƙasashenmu don mutunci ake yinsa, amma a Amurka sana'a ce mai ofis da albashi. Labarin wani ɗan siyasarsu, Mista Christopher Dodd, ya isa misali.

An haife shi a Jihar Connecticut cikin shekarar 1944, siyasa kuwa gadonta ya yi, gama mahaifinsa ma ɗan Majalisar Dattijai ne. Ya shiga Majalisar Wakilai a 1975, sa'an nan ya hau Majalisar Dattijai a 1981, ya zauna shekara 30 cif. Ba zaman ɗumama kujera ya yi ba. Shi ne ya dage har aka kafa dokar 1993 wadda ta ba ma'aikaci izinin hutun mako 12, ba albashi amma ba kora, domin haihuwa ko jinyar iyali. Dokar tsawata wa bankuna ta 2010 kuwa da sunansa ake kiranta, tare da na abokin aikinsa Barney Frank.

Da zai bar majalisa, ya gaya wa manema labarai cewa shi ba zai yi aikin kamun ƙafa ba. Amma ba a jima ba, cikin watan Maris na 2011, sai ga shi ya zama shugaban ƙungiyar MPAA, watau ƙungiyar da a lokacin take kāre bukatun manyan kamfanonin sinima shida na Amurka, irin su Disney da Paramount. Mutumin nan bai taɓa shirya fim ba. Abin da kamfanonin suka saya shi ne sanin ƙofa. Ko da yake doka ta hana tsohon ɗan Majalisar Dattijai roƙon majalisar da bakinsa har shekara biyu, ba ta hana shi nuna wa wasu hanya ba.

Gwajin ya zo a watan Janairu na 2012. Kamfanonin sun matsa a kafa dokoki biyu don toshe shafukan intanet masu satar fina-finai, jama'a kuwa suka ga za a fake da guzuma a harbi karsana, a toshe musu baki. Ran 18 ga wata shafin Wikipedia na Turanci ya rufe kansa yini guda, miliyoyin mutane suka kai kuka ga wakilansu, kafin mako ya ƙare aka jingine dokokin. Cikin fushi Mista Dodd ya fito a talabijin ya gargaɗi 'yan siyasa kada su ƙara sa ran gudummawar masu sinima. Da wannan furuci ya tona abin da aka saba rufewa. Ya sauka daga muƙamin a 2017.

To, ina ruwan mutumin Shehuri da wannan? Akwai ruwansa ƙwarai. Masu shirya fina-finan Hausa da yake kallo sun sha wuya a hannun ɓarayin zane, kuma a 2016, da Gwamnatin Tarayya ta yi niyyar gina musu alƙaryar fim a Kano, malamai suka ƙi, aka fasa, ba a sami wani dattijo da ɓangarorin biyu suka amince wa ya shiga tsakani ba. Lalle suna bukatar mai kama musu ƙafa. Amma su lura da abin da ya sami na Amurka: ya san kowace ƙofa ta majalisa, ya manta da jama'ar da ke tsaye a dandali. Dattijon Shehuri kuwa maganarsa tana da nauyi a fada ne saboda mutanen waje sun yarda da shi, kuma in ya ce ba zai yi abu ba, ba ya yi.

Allah Ya ba mu dattawa masu magana ɗaya, amin.