Duwatsun Damagaram ma suna da murya

Masu ƙaga labaran sararin samaniya suna da wata ƙasa da suke son zanawa a littattafansu: fili fetal a wata duniya mai nisa, ba tsiro ba ɗan Adam, sai dogayen duwatsu da iska ta rarake, kowane da muryarsa, in guguwa ta taso filin ya ɗauki kiɗa kamar ranar hawan salla. Ƙasar nan dai ƙage ce. Da Amurkawa suka saukar da na'urarsu Perseverance a duniyar Mirrihu, wadda Turawa ke kira Mas, ran 18 ga Fabrairu 2021, ta naɗo ƙarar iskar can, aka saurara aka ji ɗan huci kawai. Nauyin iskar wurin bai kai kashi 1 cikin 100 na tamu ba, siririyar murya kan mutu tun ba ta yi nisa ba. Dutse mai waƙa sai da iska mai kauri, irin wadda ke sauko mana daga Tenere tun watan Nuwamba har Fabrairu.

Jama'a masu karatu, duk wanda ya kwana a Birni da hunturu ya san abin da nike nufi. Manyan duwatsun nan da ke jibge bisa juna, waɗanda Faransawa suka kafa barikinsu a kai bayan sun ci garin a 1899, ba su yin shiru da dare. In iska ta ratsa matsattsen tsagi sai a ji fito. In ta bi ta bakin kogo sai a ji gunji, kamar yadda yaro ke hura bakin kwalba: babban rami murya mai kauri, ƙarami siririya. Tsofaffinmu kan hana mu hawa can da magariba, wai wurin iskoki ne. Hausa kuwa kalma guda ta ba mai kaɗawa da mai kama mutum, kuma ina zaton wanda ya fara haɗa su a suna ɗaya ya taɓa kwana kusa da dutse.

Akwai murya ta biyu, wadda ta fi ta farko daraja a wurina, ita ce ta dutsen da ake bugawa. Zafin rana da sanyin dare da ruwan damina kan ɓare wa dutse ɓawo kamar albasa. In falalen da ya ɓare ya zauna bisa ƴan wurare kaɗan, kuma babu tsaga a cikinsa, sai ya yi amo kamar ƙararrawa in an ƙwanƙwasa shi da ƙaramin dutse. Ɗan kasuwa ba ya bukatar bayani a nan. Wa ke sayen tulun Mirriya bai ƙwanƙwasa ba? Mai lafiya ya yi ƙara garau, mai tsaga ya amsa a dakushe. Muna yara mun san ƴan falalen da ke amsawa haka, muna kiɗa a kansu in mun tashi daga makarantar allo, ba mu ɗauke shi a bakin komi ba.

A wasu wurare an ɗauke shi a bakin wani abu. A Birnin Kudu, cikin jihar Jigawa ta Nijeriya, wani Bature mai binciken kayan tarihi, Bernard Fagg, ya tarar da irin waɗannan duwatsu a 1955, kusa da tsofaffin zanen shanu da ke jikin koguna. Jikinsu duk gurabu ne da bugun hannuwa da yawa ya lotsa, kuma ya rubuta cewa ana kai amare wurin kafin a ɗauke su gidan miji. Zanen nan yana cikin kayan tarihin da gwamnatin Nijeriya ta sa a ƙarƙashin tsaronta.

Mu kuwa tsakaninmu da dutsenmu akwai ƴar tsama. Shi ne ya hana ƙasar garin riƙe ruwa, kuma ƙarancin ruwa yana cikin dalilan da suka sa aka ɗauke babban birni daga Zinder zuwa Yamai a 1926. Don haka in an ga ana fasa shi, ba mai tsayawa ya tambaya. Gari na faɗi, gidan siminti na korar na laka, kowane gini na son tsakuwa, kamiyo na ɗiba. Ban ga laifin masu guduma ba, maza da mata da ke wuni cikin rana don kuɗin cefane, kuma dutse na da yawa, ya ishi kowa. Matsalar ita ce falalen da ke amo shi ne mara tsaga, shi ne mai ƙwari, ga shi ya riga ya rabu da uwarsa, ba wuyar ɗauka. Abin da ya ba shi murya shi ke sa a fara da shi.

Muryar dutse kuwa in ta tafi ba ta dawowa. A Masar, kusa da Lukusor, akwai gunkin Fir'auna Amenhotep na uku, wanda girgizar ƙasa ta tsaga wajen shekara 27 kafin haihuwar Annabi Isa. Daga nan ya riƙa yin ƙara da fitowar rana, har Sarkin Rum Hadiriyan ya je sauraro a shekara ta 130. Daga baya aka gyara shi da kyakkyawar niyya, ya yi shiru har yau. Wannan gyara ne fa, ina ga guduma?

Aikin da nike roƙo bai kai kuɗin kamiyo biyu na tsakuwa ba. Masu unguwannin Birni da Zango da ƙauyukan kewaye su tambayi tsofaffi da makiyaya inda duwatsu masu amo suke. Ma'aikatan magajin gari da na al'adu su rubuta su, su shafa masu alamar fenti, fadar Mai Martaba Sarkin Damagaram ta sa baki a bar su. Alhazan da ke ba da kwangilar tsakuwa su ce ba su sayen dutse mai alama. A fara da kaka, hanya ta bushe, kafin aikin gini ya kankama.