Tsohuwar Murya, Sabon Kunne

A rumfar wani mai tura waƙoƙi a waya a kasuwar Madarunfa, na ji ana sa tsohon rap na ƙungiyar Kaidan Gaskiya. An kwafo shi daga kaset, sautin duk ya dushe, amma samari sun yi tsit suna saurare. A Amurka, irin waɗannan tsofaffin fayafayan hip-hop akan koma kan asalin naɗinsu, a share ƙura da hayaniya, a sake fitar da su tas. Mu ma an yi mana haka da kiɗan Mamman Sani, wanda ya naɗa a Yamai a 1978, kamfanin Sahel Sounds ya sake fitarwa a 2013, duniya ta ji shi sabo fil. Sai nake tunanin cewa na'ura tana iya wanke sauti, amma kunnen da ya fara jin waƙar ya riga ya tsufa tare da mai shi. A kaset ɗin Kaidan Gaskiya, mawaƙin yana nan cikin ƙuruciyarsa, yana kuka da rashin aikin yi da rashin adalci, ga kuma waɗanda ba a haifa ba a lokacin suna gyaɗa kai, domin maganar har yau tasu ce. Wataƙila shi ya sa ɗan Adam ba ya gajiya da adana muryoyin jiya.