Fahita: naman jiya, abincin yau

Yau hirarmu ta abinci ce, amma abincin wata ƙasa mai nisa. Sunan wurin Teksas. Babbar jiha ce cikin ƙasar Amurka, tana iyaka da ƙasar Meksiko. Can da ma Teksas yankin Meksiko ce, sai cikin shekara ta 1836 ta ɓalle, cikin 1845 ta shiga Amurka. Shi ya sa girkin mutanen wurin ya haɗa hannu biyu, na Meksiko da na Amurka. Ƙasar shanu ce ƙwarai, kuma mutanenta sun san nama.

Abincin da nake son ku sani sunansa fahita. Yankakken nama ne siriri siriri, da albasa da tattasai, a naɗe cikin gurasa mai laushi. Abin da ya sa nake son shi: tun asalinsa abincin talaka ne, wanda ya ƙi yarda a yi asarar nama.

Ga yadda ya samo asali. Wajen shekarun 1930, a kudancin Teksas, bakin kogin Riyo Girande, akwai makiyaya ƴan asalin Meksiko masu yi ma masu garke aiki. In an yanka saniya, mai garke ya ɗauki nama mai kyau. Makiyaya kuwa a ba su kai, da kayan ciki, da wani nama mai tsawo kamar ɗamara da ke ƙarƙashin haƙarƙari, a ce wannan yana cikin ladan aikinsu. Da harshen Sifaniyanci ɗamara ita ce faha, ƙaramar ɗamara kuma fahita. Kun ji inda sunan ya fito. Naman nan yana da tauri. Sai makiyayan suka riƙa gasa shi bisa garwashi, su yanka shi siriri, su ci da gurasarsu. Cikin 1969 wani mahauci mai suna Sonny Falcon ya fara sayar da shi wurin wani biki a garin Kayil. Cikin 1973 wata mata, Ninfa Laurenzo, ta buɗe gidan abinci a birnin Hustan, ta riƙa sayar da shi. Daga nan abincin makiyaya ya bazu, har masu kuɗi suka shiga nemansa.

Wannan labari ɗaya ke nan. Akwai na biyu, labarin naman ƙirji.

Saniya tana ɗora mafi yawan nauyin jikinta bisa ƙafafun gaba. Don haka naman ƙirjinta ya cika jijiya, ya yi tauri. In kun gasa shi da sauri kamar tsire, sai haƙori ya gaji. Tun cikin ƙarni na 19 baƙi daga Jamus da ƙasar Cek suka zauna tsakiyar Teksas, wasunsu mahauta ne. Lokacin babu firijo. Naman da bai samu mai saye ba sai su ƙyafe shi da hayaƙi don kar ya lalace. Daga wannan sana'a gashin hayaƙi na Teksas ya fito, kuma da tafiya ta yi nisa naman ƙirji ya zama sarkinsa.

Ga yadda suke yi. Ƙirji guda yakan kai kilo 5 zuwa 7. A shafe shi da gishiri da masoro. A sa shi cikin wani tanderu na ƙarfe mai murfi, wuta tana gefe, ba ƙarƙashin naman ba. Zafi da hayaƙi kawai ke ratsa shi. Zafin yakan zama wajen digiri 110 zuwa 120, wato ya ɗara na tafasar ruwa kaɗan. Naman yakan yi awa 12, wani lokaci har 16. A hankali jijiyar nan mai tauri ta narke, ta zama kamar romon ƙafar saniya cikin naman. Sai ya yi laushi har a iya raba shi da yatsa. Mai haƙuri shi kan dafa dutse, in ji Hausawa. To, ga masu dafa dutse da hayaƙi.

Yanzu ku yi lissafi. Gida guda ba ya cinye irin wannan nama a zama ɗaya. Dole ya yi saura. Kuma nama ne da aka kashe ma kuɗi, aka ƙona itace, wani ya hana idonsa barci yana tsaron wuta. Zubar da shi babbar asara ce. Amma in ya kwana yakan bushe, ya daskare, yara su ɓata fuska. Nan ne labaran biyu suka haɗu: sauran naman ƙirji ya shiga gurasar makiyaya, ya koma fahita.

Dabarar guda ɗaya ce, ku riƙe ta da kyau. Naman nan ya riga ya dahu. Ba ya bukatar dahuwa ta biyu, ɗumi kawai yake so. Saboda haka shi ne na ƙarshen shiga kasko.

Da farko gurasa. Su suna ce mata tortiya. Akwai ta masara, akwai ta alkama, amma ga fahita an fi amfani da ta alkama. A samu garin alkama kofi 2, gishiri kaɗan, mai cokali 3, da ruwan ɗumi. Ba a sa yis. A kwaɓa har ya yi laushi, a rufe shi minti 20. A raba shi curi 8, a murza kowane da kwalba har ya yi faɗi, ya yi siriri. A gasa bisa kasko mai zafi, ba mai, kowane gefe kamar minti guda. Wadda ta gasu a rufe ta da tsumma mai tsabta don kar ta bushe.

Sai nama. A yanka shi tun yana da sanyi, ya fi yankuwa. Ku duba shi da kyau, za ku ga zare zare sun miƙe cikinsa. Kar wuƙa ta bi tsawon zaren, ta gitta shi. Haka ne zai yi sauƙin tauna. Kitsen da ke jikinsa kar a yar. A yanke shi, a fara sa shi cikin kasko ya narke. Shi ne man suyar, kuma ƙanshin hayaƙi duk yana cikinsa.

Cikin wannan kitse a zuba albasa 2 manya da tattasai 3, an yanka su dogo dogo. Wuta ta yi ƙarfi. A riƙa juyawa minti 6 zuwa 8, har bakin albasa ya fara yin ja. A sa tafarnuwa, da barkono daidai bakin masu gida. Gishiri a yi hankali, don naman yana da nasa. Sannan a zuba nama, a yayyafa ruwa ko romo cokali 3, a rufe minti 2 ko 3, har ya yi zafi ciki da waje, tururi yana tashi. A sauke, a matsa lemun tsami. Tsamin nan shi ke kashe maiƙon kitse. A kawo kasko tsakiya, kowa ya ɗauki gurasarsa, ya zuba, ya naɗe. Mai so ya ƙara tumatir da ɗanyar albasa.

Ni na gwada a gidana da sauran gasasshen nama, bai fi rabin kilo ba. Mu takwas muka ci, kowa ya samu rabonsa. In da tsurarsa aka raba, da mutum uku sun share shi. Albasa da tattasai da gurasa su ne suka shimfiɗa shi ya kai ga kowa. Kuma kayan nan ba baƙinku ba ne. Masara, da tattasai, da barkono, da tumatir, duk asalinsu can ne, Meksiko da ƙasashen kudu da ita. Jiragen ruwa suka kawo su Afirka bayan shekara ta 1492.

Saura gargaɗi, kuma shi ya fi kome muhimmanci. In kun ji an ce naman hayaƙi, za ku tuna banda ko kilishi, waɗanda ke daɗewa ba su lalace ba. Abin da ke tsare su bushewa ce. Naman ƙirji irin na Teksas ba busasshe ba ne, yana cike da ruwa da kitse. Yana lalacewa kamar kowane dafaffen nama. Hukumar aikin gona ta Amurka tana gaya ma mutanenta cewa kar dafaffen nama ya wuce awa 2 a waje. In zafin gari ya wuce digiri 32, awa guda kawai. Cikin firijo yana iya kwana 3 zuwa 4. Wajen ɗumamawa kuma zafin cikinsa ya kai digiri 74.

Kar ku ce ai wuta za ta kashe kome. Akwai ƙwayoyin cuta da ke zuba dafi cikin nama in ya daɗe cikin zafi, kuma suya ba ta kashe wannan dafin. Hanci ma ba kullum yake ganewa ba. Ƙarshenta amai da zawo, kuma yara ƙanana da tsofaffi su suka fi jin jiki. Wanda ba shi da firijo, naman rana ya yi fahitarsa da wuri, kar ya jira gobe. In kuwa yana son ajiya, to, ya yanka shi siriri ya busar da shi ƙarau.

Makiyayan Riyo Girande da mahautan Teksas ba su da yawan abin hannu. Abin da suke da shi sanin nama ne: wane ke son wuta mai ƙarfi, wane ke son haƙuri, wane kuma ɗumi kawai ya rage masa. Ran da nama ya yi saura a gidanku, ku fara duba ko yana da lafiya. In yana da lafiya, ku kwaɓa gari, ku yanka albasa, naman ya shiga daga ƙarshe.